Ƙulli Bakwai a Ganyen Kaba

Shekara huɗu na yi a lakol, wato makarantar boko, daga nan sai gona, daga gona sai tasha, inda na ƙare rayuwata a bayan sitiyari. Abin da zan ba da labari a nan laifina ne, kuma ya fi shekara ashirin ina ɗauke da shi kafin bakina ya buɗe.

A Gazawa, wanda ya fara tseren mota wani direba ne da ya girme ni da shekaru kaɗan. Yaya nake ce masa, ko da yake ba mu haɗa jini ba. Yana da wata tsohuwar a-kori-kura ja wadda ƙofarta ta gefen fasinja da igiya ake ɗaure ta. Da farko abin ba wasa ba ne. Ranar kasuwa, wanda ya riga isa shi ke samun lodi, shi kuwa Yaya ba ya bin hanyar da kowa ke bi, sai ya yanke ta cikin Gulbin Kaba, inda yashi ke haɗiye taya har gindi. Mu muna zagaye, shi ya riga ya isa yana shan fura. Da direbobi suka gaji da jin labarin, sai aka ce to a gwada a fili, kowa ya gani.

Haka aka kafa abin, sau ɗaya a shekara, mako guda bayan an saki gonaki. Wanda ba manomi ba ne zai so a yi masa bayani: idan an gama girbi an kwashe amfani, hukuma kan sanar da ranar da dabbobi za su iya shiga gonaki su ci kara. Daga ranar babu shukar da za a taka. Ana tashi daga wani babban gawo a bayan gari, a gangara cikin gulbi, a kewaye wata doguwar goriba mai kai uku, a dawo. Mota biyar ko shida. Ba a ba da komai sai guɗar mata da suna, amma sunan nan shekara guda yake ciyar da mutum, don fasinja motar gwani yake nema.

Shekara huɗu a jere Yaya na cinyewa. Uku daga ciki ni ne na biyu, kuma wannan ne ya ci mini rai, domin farar motata ta fi tasa lafiyar inji nesa ba kusa ba. A kan kwalta ba ya ganin ƙurata. Amma da mun shiga gulbi sai in ga jar motar nan tana karkata hagu, tana karkata dama, ba dalilin da ido ke gani, tana wucewa kamar an shimfiɗa mata tabarma, ni kuwa ina nan ina haƙa rami da tayoyina.

A tasha ana cewa, “Wannan tuƙi ba banza ba.” Ni na fi kowa riƙe maganar.

Yaya yana da amini, wani makiyayi da ke zuwa da shanunsa kowace shekara idan an saki gonaki. A gonar Yaya yake sauka, shanu su zuba masa taki, shi kuma ya ba shi damman gero. Dogon mutum ne marar yawan magana, Hausarsa da ɗan nauyi. Na lura duk lokacin da tsere ya matso, su biyun kan fita da hantsi a ƙafa, su nufi gulbi, ba sa dawowa sai rana ta take. Direba da motarsa, me zai kai shi yawon ƙafa cikin yashi? Na kwana biyu ina juya tambayar, ban kuwa yi wa kowa ita ba.

A shekara ta biyar, saura kwana biyu tsere, na bi bayansu. Na riƙa laɓewa a bayan sabara kamar ɓarawon akuya. Ga abin da idona ya gani. Makiyayin yana gaba yana caka sandarsa a ƙasa. Can sai ya tsaya a gindin wata kaba, ya kamo dogayen ganye biyu na can sama, ya ƙulla su, ya faɗi wata magana da ban ji ba, ya tofar da yawu. Yaya ya waiwaya ya dubi gawo, ya dubi goriba, ya gyaɗa kai. Suka yi gaba. Suka sake tsayawa, aka sake ƙulli. Na ƙirga har bakwai.

Jikina ya yi sanyi, amma kuma raina ya yi fari, don na samu abin da nake nema. Mu mutanen gari, idan muka ga ƙulli da tofi a daji, abu ɗaya muke kawowa a rai. Tun muna yara ake ja mana kunne a kan masu ƙulle-ƙulle. Na ce ashe haka ne, ashe tayoyinmu ake ɗaurewa a ganyen kaba. Ban tuna cewa mutumin taba yake taunawa ba, wanda dole ya riƙa tofar da yawu. Ban tambayi ko da mai tallan nono ɗaya ba, wadda da ta gaya mini a cikin numfashi guda.

Bayan azahar na koma ni kaɗai. Na bi su ɗaya bayan ɗaya ina kwancewa, ina bisimilla, ina karanta abin da na sani na neman tsari. Kaba ta yanke ni a yatsa, na ce alamar asirin yana karyewa ne. Na koma gida ina jin kamar na yi aikin lada.

Ranar tsere gari ya fito. Mata a kan tudu, dattawa a inuwar gawo. Aka kaɗa hula muka tashi. Kamar kullum ni na fara gangarawa, kamar kullum kuma Yaya ya wuce ni da muka taɓa yashi. Ina bayansa da tazarar da ba ta fi jifa ba. Sai na ga abin da ban taɓa gani ba: ya leƙo da kansa ta taga yana dube-dube, kamar mai neman gidan da ya taɓa zuwa. Motar ta ɗan yi jinkiri, sannan ya taka ta, ya miƙe sak. Na ce a raina, yau dai asiri ya karye, ga shi yana tuƙi irin namu.

Ban rufe tunanin ba gaban motarsa ya nutse. Bayanta ya ɗaga sama, ta juya, ta faɗi a gefenta da wata ƙara da har yau nake ji idan an yar da tukunyar ƙarfe.

Tsohuwar rijiya ce ta makiyaya da ta rufta, ruwan damina ya kwaso yashi ya lulluɓe bakinta. Muka taru muka ɗaga motar, muka jawo shi. Ƙafarsa ta dama ta karye a wuri fiye da ɗaya. Ana cikin haka makiyayin ya iso da gudu, hularsa ta faɗi bai tsaya ɗauka ba. Ya dubi Yaya, ya dubi ramin, sai ya yi wajen wata kaba da ke gefe ya kama ganyenta yana ihu.

“Na ƙulla! Wallahi nan na ƙulla! Ku zo ku ga ganyen, ga lanƙwasa nan ba ta miƙe ba!”

Ba wanda ya je. Kowa na ta Yaya. Ni kaɗai na gane abin da yake faɗa, kuma a nan tsaye na fahimci komai. Gulbi kowace damina sake kama yake yi: inda ya yi tauri bara, bana ya zama tarko. Wanda ke kora shanu a cikinsa shi ya san inda ƙasa ke ɗaukar nauyi da inda take cin ƙafa. Ƙullin kaba kuwa alama ce da makiyaya ke bar wa junansu, cewa a kauce, akwai rami ko ƙasa mai laushi. Yaya ba asiri yake da shi ba. Tambaya yake yi, ya taka da ƙafarsa, ya haddace. Abin da ni girman kai ya hana ni ke nan.

Aka sa Yaya a kamyo, wato babbar motar kaya, aka kai shi asibiti a Maradi. Ƙafar ba a yanke ta ba, amma ba ta ƙara lanƙwasuwa ba, ita ce kuwa ta totur da birki. Jandarma suka zo suka yi tambayoyi, suka hana tseren daga ranar. Ko sau ɗaya ban ci ba.

A tasha magana ta tashi. Yaya ya faɗa daga gadon asibiti cewa ya nemi alamar bai gan ta ba, sai mutane suka fara haɗa zare. Wa ya san wurin ramin? Makiyayi. Wa aka ba amanar sa alama? Shi. Wani ya ce sun yi saɓani a kan damman gero, wani ya ce wasu direbobi ne suka saye shi. Ina zaune a kan benci ina jin su, sai wani dattijon ɗan kamasho ya juyo gare ni.

“Kai da kake bayanshi, mi ka gani? Akwai ƙulli ko babu?”

Na ce, “Ni dai ban ga wani ƙulli ba.”

Da na yi shiru ma da ya fi. Maganar nan tawa ita ta zama shaida, don ni ne na fi kowa kusa. Makiyayin ya bi mota har Maradi don ya duba amininsa, aka ce Yaya ya juya fuskarsa bango. Kafin a gama cin karan shekarar ya kora shanunsa ya yi yamma, bai sake sauka a Gazawa ba.

Da Yaya ya warke ya dawo tasha da sanda. Ya samu wuri a gindin dogonyaro yana sayar da esansi, wato man fetur, a kwalabe, hannunsa kuma kullum yana tufkar igiyar kaba da direbobi ke saya don ɗaure kaya. Ni kuwa na ɗauka don ni ya zaɓi wannan sana'a. Duk safiya sai na wuce ta gabansa, duk safiya sai in ga kamar ya ɗago ya bi ni da ido fiye da yadda yake bin kowa. Idan ya ce, “Ƙane, an tashi lafiya?” sai in wuni ina auna muryar. Na daina sayen mai a wurinsa, sai na ji tsoron kada a lura na daina, na koma. Na fara kawo masa tsarabar rake da goro, sai na ji tsoron kada ya tambayi kansa dalilin tsarabar, na rage.

Wata rana ya kira ni, yana riƙe da wata igiya da ta cukurkuɗe.

“Zo nan, kai da ke da farce. Ka iya kwance ƙulli?”

Gumi ya keto mini. Na karɓa, na kwance, na miƙa masa. Ya ce, “Madalla,” ya ci gaba da aikinsa. Na yi mako ina jiran jandarma. Ba wanda ya zo. Har yau ban san ko da nufi ya faɗa ba, ban kuma tambaye shi ba.

Haka muka tsufa tare, shi a gindin itacensa, ni ina shiga ina fita. Waɗanda suka yi tseren suka riƙa mutuwa ɗaya ɗaya. Na fara gaya wa kaina cewa magana ta bi ruwa.

Shekaru uku da suka wuce, da rani, na ɗauko lodin wake daga wajen Gidan Sori, motata ta yi zafi kusa da Sae Sabuwa. Na tsaya a gefen wasu gidaje na masu noma, na ɗauki jarka na yi sallama. Wani tsoho ya fito, ya rankwafa, amma tsawonsa bai ɓuya ba. Ya sa aka kawo mini ruwa, ya ba ni na sha a ƙwarya tukuna. Ina sha yana kallona.

“Kai ba ɗan Gazawa ba ne? Mai farar mota?”

Sai a lokacin na gane makiyayin nan ne. Na ce, “Ni ne, Baffa.”

Ya gaya mini shanun sun ƙare saura kaɗan, ya zauna wuri ɗaya yana noma da ƴaƴansa. Sannan ya tambayi amininsa, ko yana raye, ko ƙafar na damunsa da sanyi. Na amsa. Ya shiga zane a ƙasa da sandarsa.

“Har yanzu cewa ake ban ƙulla ba?”

Na ce, “Ai wannan magana ta wuce, Baffa.”

“A wurinku ta wuce. Wani mai sayen awaki daga can ya kawo ta kasuwarmu. Yarana sun ji. Babban, da suka yi cacar baki da wani a bakin rijiya, ce mishi aka yi ɗan wanda ya jefa amininshi rami. Ya zo ya tambaye ni, na rantse mishi. Ya ce ya yarda.” Ya ɗago ya dube ni. “Amma na ga idonshi.”

Ga wuri, ga lokaci, ba kowa sai mu biyu. Na zuba ruwansa a motata, na yi masa godiya, na tafi. Wannan shi ne laifina na uku, kuma shi ya fi ba ni kunya, don a lokacin ba ni da uzurin ƙuruciya.

Mako uku na yi abinci ba ya mini daɗi. Ranar wata Talata da hantsi, tasha ba mutane sosai, na je na tsuguna a gaban Yaya. Na faɗa masa duka, tun daga laɓewa a bayan sabara har zuwa ƙwaryar ruwa. Bai daina tufka ba sai da na kai ƙarshe.

Ya ce, “Guda nawa?”

“Bakwai, Yaya.”

“Bakwai ɗin ne.” Ya aje igiyar. “Na zarge ka. Na zargi direban nan mai baƙar mota da muke tsere da shi, Allah ya jiƙanshi. Akwai shekarar da na zargi ƙanina ma. Amma aminina na kama, don shi baƙo ne, ba wanda zai tsaya mishi.”

Na ce, “Na ga kana kallona duk shekarun nan.”

“Wani lokaci zargi ne. Wani lokaci kuma yadda kake sa giya nake kallo, don har yau kamar mai yanka rago kake yi.” Bai yi dariya ba. “Asiri! Da ka zo ka tambaye ni, da na ɗauke ka mun taka tare. Wa ya taɓa tambayata na hana shi?”

Na ce ya yafe mini. Ya dubi ƙafarsa da ke miƙe a kan tabarma.

“Wannan ba ka iya maido ta, bar ta tukuna. Sunan mutumin nan kuwa kana iyawa. A kan bencin can ka ce ba ka ga ƙulli ba. Can za ka koma, ranar kasuwa, da rana tsaka.”

Na koma. Na tsaya a gaban bencin na ɗaga murya na faɗa. Waɗanda suka san zancen ba su fi mutum huɗu ba. Ɗaya ya tofar da yawu ya tashi. Wani ya ce, “Ashe kai ne, munafuki, da muke cin tuwo tare.” Samarin da ke kan babura suna tambayar juna wane tsere ake magana. Mai sayen awakin yana nan, Yaya ya sa aka kira shi musamman, ya ce masa, “Kai ka kai waccan maganar, sai ka kai wannan.”

Bayan kwana biyu muka kama hanyar Sae Sabuwa. Na tura kujerar gaba baya don ƙafarsa ta samu wuri. Tun daga Gazawa har muka kusa isa bai ce mini komai ba, sai sau ɗaya da na faɗa rami ya ce, “Kana gani kuwa?”

Muka tarar da tsohon yana gyaran danga. Ya ga wanda ke fitowa daga mota da sanda, ya tsaya cak. Sun daɗe suna gaisawa, irin gaisuwar da ba ta ƙarewa, kowa na kallon ƙasa. Da na buɗe baki zan fara, sai ya ɗaga hannu.

“Dakata.”

Ya aika aka kira ƴaƴansa maza uku daga gona, aka kira maƙwabcin da aka yi cacar bakin da shi, suka zauna. Sannan ya ce mini, “To, faɗi. Da ƙarfi, kunnena ya yi nauyi.”

Kunnensa lafiya lau yake. Na faɗa da ƙarfi. Da na zo wurin lanƙwasar ganye, ya juya ya dubi babban ɗansa, ɗan ya sunkuyar da kai. Yaya ma ya faɗi nasa laifin, wato juya fuska bango da ya yi a asibiti. Tsohon ya kama hannunsa ya riƙe.

Ni bai ce mini ya yafe ba, bai kuma ce bai yafe ba. Aka kawo fura da nono, aka miƙo mini ludayi kamar kowa. Su biyun suka shiga hirar shanun da suka mutu tun tuni, suna kiran kowace da launinta, ni ina gefe. Da la'asar ta yi muka tashi. Ya rako mu har bakin mota, ya dubi sitiyari, ya dubi amininsa.

“Wa zai tuƙa ka gida?”

Yaya ya nuna ni da haɓa.

Tsohon ya ƙare mini kallo daga sama har ƙasa, ya tofar da tabarsa gefe. “To ka zauna kusa da ƙofa, aboki. Kuma kada ka yi barci.”

Suka yi dariya su biyu har Yaya na share ido. Babban ɗan ne ya zagayo ya taimaka aka shigar da ƙafar, ya rufe ƙofa a hankali, ya ce mu sauka lafiya.